Wai fim ɗin budurwar birnin Faris bai ƙare ba?

Uwar Biyu: Na kalli gajeren fim ɗin Faransan da kuka turo. Budurwa ita kaɗai a Faris, tana haɗuwa da samari ta manhajar waya, kowa ya zo ya wuce, a ƙarshe ta koma ɗaki ba kowa. Ni a wurina wannan bai ƙare ba. Labarin soyayyar da babu aure a ƙarshensa yanke shi aka yi.

Ɗan Damagaram: Anti, ki yi haƙuri, ban yarda ba. A Faransa duk fim ɗin da bai kai minti 60 ba gajere ne, a bikin finafinai na garin Kan (Cannes) kuwa wanda zai shiga gasar gajerun finafinai ba ya wuce minti 15. Mai irin wannan lokaci ba ya iya bin rayuwar mutum har ɗaurin aure. Abu ɗaya yake kamawa ya riƙe.

Uwar Biyu: To me ya kama, ƙanena?

Ɗan Damagaram: Kaɗaici. Ki tuna inda ta jera kofi biyu a tebur, ta zauna tana duban waya har shayin ya huce, sannan ta tashi ta wanke kofin da ba a taɓa ba. Ba ta ce uffan ba. Wallahi sai da na tsayar da fim ɗin a nan.

Gimbiya: Yaya ya faɗi gaskiya. Kuma ku dubi ɗakin. Irin ɗakunan can ƙarƙashin rufi ne, inda a da masu aikin gida ke kwana, sai an hau bene hawa shida. Doka ta ce ɗakin haya kada ya gaza murabba'in mita 9, nata kamar da kyar ya kai. Gado, taga, murhu ɗaya. Wa zai ma san ta kwana da kuka?

Malam na Lungu: Ina tare da Hajiya Uwar Biyu ta wani gefe. Amma a lura, aure ba shi ne ma'auninsu ba. Tun 1999 suna da yarjejeniyar zaman tare da doka ta amince da ita, kuma fiye da rabin yaran da ake haifa a can iyayensu ba su da aure. Ko da ta samu saurayin, ba lalle a nuna biki ba.

Uwar Biyu: Abin da ya fi ci mini rai ke nan, Malam. Ba uwa, ba goggo, ba wanda ya kira ta ya ce ya jiki. Na ji tausayinta sosai. Amma har yanzu ina so in san wanda ya ƙwanƙwasa ƙofar kafin hoton ya ɗauke.