Shawarwari Kan Suyar Nama da Sabon Ganye

Wasu masu girki da suka tattauna yadda ake suyar nama da ganye irin ta Sinawa sun yarda cewa wuta ce ginshiƙinta, don haka sai kasko ya yi zafi sosai kafin a zuba komai. A yanka naman alade siri-siri, ko na kaza ga wanda ba ya ci, a cuɗa shi da citta, tafarnuwa da ɗan sitaci. A soya shi kashi-kashi, domin idan kasko ya cika sai naman ya tsatso ruwa ya dahu maimakon ya soyu.

Kan ganye ne aka saɓa. Wasu suna fara tsoma shi a tafasasshen ruwa, amma hujjar mafi yawansu ta fi ƙarfi: a fara zuba masu tauri, alayyafo kuwa a ƙarshe, a sauke yana kore shar.