Wai da gaske ne in an raba tana biyu kowanne ɓangare sai ya rayu?

Maman_Yara_Agege:
Salamu alaikum jama'a. Tun da ruwan Yuni ya kankama tana ta dame mu a banɗaki, ta ramin fitar ruwa suke shigowa, jiya da asuba ma sai da na kwashe guda huɗu. Autana ya sa murfin gwangwani ya raba wata biyu, duka ɓangarorin suna ta mutsu-mutsu, maƙwabciyata ta ce wai kowanne zai zama tana guda shi ya sa ba sa ƙarewa. Kuma na ga wata ɗamara mai kauri kusa da kanta, ko wurin da aka taɓa yanka ne ya warke? Abin da ya fi tayar min da hankali dai ko ita ce macijin ciki, don yaran nan ba sa son takalmi.

Malamin_Bayoloji:
Wa alaikumus salam Hajiya, ki kwantar da hankalinki ba ita ba ce. Macijin ciki jikinsa sumul yake, ita kuwa tana in kin duba da kyau gaɓa-gaɓa ce kamar rake, babba takan haura gaɓa 100, kuma daga ciki akwai siririn tantani da ya raba kowace gaɓa da 'yar uwarta, kowace da ruwanta da jijiyoyinta, shi ya sa wutsiyar ke ta motsi bayan an yanke. Amma yawanci mutuwa take yi, saboda baki da ƙwaƙwalwa da ƙundu, e tana da ƙundu irin na kaza da take niƙa ƙasa da ruɓaɓɓen ganye, da manyan jijiyoyin da ke harba jini duk a gaba suke. Ɓangaren kai ne kan iya tsiro da sabuwar wutsiya in yankan ya yi baya sosai.
Ɗamarar nan ba tabo ba ne, alamar ta balaga ce, ita ke fitar da kwanson da ƙwai ke kwanciya a ciki. Kowace tana mace ce kuma namiji ce a lokaci guda, amma galibi sai biyu sun haɗu. Takalmi kam dole su sa, akwai wata tsutsar daban da ke huda tafin ƙafa.

Mai_Tarwaɗa_Ikorodu:
Malam ya gama magana. Ni kullum hannuna na cikinsu don ina ba kifi, in ka shafa ta daga wutsiya zuwa kai za ka ji kaushi-kaushi, wasu 'yan gashi ne masu tauri a gaɓoɓin da take cafke ƙasa da su. Ɗora ta kan busasshiyar takarda ka kasa kunne, wallahi za ka ji ƙarar jan jikinta. Irin tamu ta Afirka ta Yamma, Eudrilus eugeniae, har ƙasashen waje ake kiwonta don yin taki.

Maman_Yara_Agege:
Allah ya saka Malam. To gishirin da nake barbaɗa musu fa?

Malamin_Bayoloji:
Hajiya don Allah ki daina, ba ta da huhu, ta fatarta mai danshi take numfashi, gishirin zuƙe mata ruwan jiki yake yi tana ta birgima har ta mutu. Ki sa raga a bakin ramin, wadda ta riga ta shigo ki ɗauke ta da tsintsiya ki kai gindin shuka.