Uwar ta ce in fitar da bidiyon, ƙanin mijinta ya ce in goge

Assalamu alaikum 'yan uwa. Ni ɗan Gusau ne, shekara huɗu ina ɗaukar bidiyon biki da walima, amma burina in koma yin dokumentari kan laifukan da suka faru da gaske. Na fara da wata uwa a wani ƙauye wadda 'yan bindiga suka sace ɗanta. Sai da suka sayar da gona da shanun huɗa kafin su haɗa kuɗin fansa, har da man fetur da katin waya da aka ce su kai. Awa biyu tana magana gaban kyamara tana kuka. Jiya ƙanin mijinta ya kira ni ya ce in goge, ita kuwa ta ce in fitar duniya ta ji. Wa zan bi?

Tsohon ɗan jarida: Ƙanena, mutumin nan ba hassada yake maka ba, infoma yake tsoro. Kai za ka koma Gusau, su a ƙauyen za su kwana. Kuma rufe fuska kaɗai ba ya isa. Ɗan garinsu zai gane muryarta, zai gane zanenta, zai gane bishiyar ƙofar gidan. Ka sauya muryar, ka cire sunan ƙauyen da adadin kuɗin, domin wanda ya ji gidan ya iya biya sau ɗaya zai iya dawowa. Sannan ka san dokar ƙasa: tun Janairun 2022 gwamnatin tarayya ta ayyana 'yan bindiga a matsayin 'yan ta'adda, kuma a Agustan shekarar hukumar NBC mai kula da gidajen rediyo da talabijin ta ci gidan talabijin na Trust TV tarar naira miliyan 5 kan shirin da ta nuna game da su. Kada kwaɗayin suna ya kai ka daji neman hira da su.

Wata uwa daga Talata Mafara: Ɗana, na tuna lokacin da aka sako 'yan matan makarantar Jangebe 279 da 'yan bindiga suka sace, a Maris ɗin 2021. Kyamarori sun cika Gusau, aka yi ta haska fuskokin yara, bayan kwana kaɗan kowa ya watse. Abin ya tsaya min a rai har yau. Shi yaron da aka sace fa, ka tambaye shi? Labarinsa ne kafin ya zama na uwarsa. Ka koma ka zaunar da su ukun, ka nuna musu abin da ka haɗa kafin kowa ya gani.

Mai gyaran waya a Tudun Wada: Malam, kada ka riƙa yawo da ainihin bidiyon a wayarka. Ka kwafe shi a kwamfuta ka sa masa makulli.

Mai tambaya: Inna, wallahi ban tambayi yaron ba. Yana zaune a zaure lokacin da muke ɗauka, bai ce uffan ba. Ranar kasuwarsu zan koma, ba tare da kyamara ba.