Bhar ko Rajbhar, kuma wace gunduma zan nufa?

Ummi_Lucknow: Assalamu alaikum 'yan uwa. Ina digiri na biyu a nazarin zamantakewa a nan Lucknow, jihar Uttar Pradesh ta Indiya, an amince min da taken kundi kan asalin al'ummar Rajbhar. Kuɗin hannuna wuri ɗaya kawai zai kai ni. Bahraich zan je ko Ghazipur? Sannan a takardar tambayoyi Bhar zan rubuta ko Rajbhar? Hindi ɗina na cefane ne kawai.

Malam Tarihi: Wa alaikumus salam. Ghazipur, ƙanwata. Bahraich wurin labari ne, mutanen kuwa sun fi yawa a gabas: Ghazipur, Ballia, Mau, Azamgarh, Jaunpur. Abin da ke jan kowa Bahraich shi ne Suheldev, sarkin da ake cewa ya kashe Salar Masud, wani jagoran yaƙi Musulmi, a wajen 1034. Amma ki duba inda labarin ya fito: Mirat-i-Masudi, littafin Farisanci da Abdur Rahman Chishti ya rubuta a ƙarni na 17, kusan shekara 600 bayan yaƙin. Kuma ba Rajbhar kaɗai ke cewa nasu ne ba. Al'ummar Pasi na cewa nasu ne, wasu daga al'ummar Rajput ma haka. Idan kika ɗora kundi kan "waye kakansu", masu jarrabawa za su rusa shi a zama ɗaya. Ki ɗora shi kan yadda su ke ba da labarin, da lokacin da labarin ya yi ƙarfi.

Ɗan Noida: Ki hau jirgin ƙasa na Suhaildev Express daga tashar Anand Vihar ta Delhi, har Ghazipur zai sauke ki. Jirgin ma sunan kakan nasu gare shi, kin ga kin fara bincike tun daga tasha.

Hajiya Binta: Yarinya ta ce tana Lucknow, kai kana ba ta hanyar Delhi. Ummi, a baki da kan takardar da za su gani, Rajbhar za ki ce, shi suke kiran kansu. Bhar ki bar shi inda kike kawo rubutun Turawan mulkin mallaka, irin su William Crooke na 1896, da jerin gwamnati, don can sunayen biyu na nan a jere. Dalilin tsamin sunan: an taɓa sa Bhar cikin ƙabilun da dokar 1871 ta kira masu laifi tun haihuwa, sai 1952 aka cire wannan tambari. Kada tambayar farko ta zama ta asali. Fara da gona, aure, makarantar yara. Asali shi zai fito da kansa.

Abu Khalil: Duk wannan magana ce ta aji. Bari in faɗa muku abin da ya sami wani yaro namu da ya yi irin wannan aikin. Malamin da ke duba shi ya haɗa shi da tafinta ɗan birni, daga babban gida. Suna shiga ƙauye aka tambayi tafintan sunan gidansu, daga nan kowa ya kama bakinsa. Dattawa su yi magana mai tsawo, tafinta ya taƙaita masa a jimla ɗaya. Da ya dawo aka saurari faifan, ashe Bhojpuri, harshen yankin, suke yi, tafintan kuma Hindin makaranta ya iya, rabin abin cike gurbi ya yi da ra'ayinsa. Har "ba su da wani tarihi" ya sa a bakin wani tsoho da ya kwashe lokaci yana nuna masa tudun da suke cewa ganuwar kakanninsu ce. Sashen suka ƙi karɓar bayanan, malamin ya zare hannunsa, biza ta kusa ƙarewa. Shekara guda ya ƙara, da kuɗin makaranta sabo. Mahaifiyarsa fili ta sayar. Ni shawarata ta canza take.

Ummi_Lucknow: Innalillahi. Yaya Abu, nawa ake biyan tafinta?

Abu Khalil: Shi rupi 1,500 yake ba shi a wuni, ban da abinci.

Ɗan Noida: An yanke shi. Ɗalibin kwaleji ɗan garin 500 zai karɓa yana godiya.

Hajiya Binta: A 500 ba za ki sami mace ba, kuma mace take buƙata in tana son shiga wajen matan gida. Ta ware 800 zuwa 1,000, kuma kuɗin rubuta faifai daban ne, da awa ake lissafa shi. Ta gwada ta tun kafin tafiya: a naɗi hira gajera, wani daban mai jin Bhojpuri ya duba fassarar. In Bahraich ce kuma Awadhi ake yi, tafintar Ghazipur ba lallai ta yi amfani can ba.

Malam Tarihi: Canza take saboda tafinta ɗaya ya yi ha'inci? Malam Abu, kimiyyar magunguna fa ka karanta.

Abu Khalil: Ranka ya daɗe, littafi ka sani, ƙauye ne ba ka sani ba.

Sarkin Shayi: Ku yi a hankali, mu da har yau ba mu gama da Bayajidda da macijiya ba, mu za mu yanke wa mutanen Ballia hukuncin kakansu?

Malam Tarihi: Ummi, ga abin da ba wanda ya taɓo, kuma shi ne naman kundin. A jihar, Rajbhar suna rukunin OBC, wato al'ummomin da gwamnati ta ce an bar su a baya. Gwamnatocin Mulayam a 2005, Akhilesh a 2016 da Yogi a 2019 duk sun yi yunƙurin mayar da al'ummomi 17, har da Bhar da Rajbhar, zuwa rukunin SC, na al'ummomin da aka fi dannewa. Babbar kotun Allahabad ta soke wannan a 2022, don sashe na 341 na tsarin mulki majalisar ƙasa kaɗai ya ba ikon taɓa jerin. To ki lura: mutum ɗaya zai ce miki jinin sarakuna ne, ya kuma ce an fi danne su. Ba saɓani ba ne a wurinsa. Jam'iyyar da Om Prakash Rajbhar ya kafa a 2002 ma sunan Suheldev take ɗauke da shi, mazaɓarsa Zahoorabad kuma a Ghazipur take. Kada ki yi amfani da adadin yawansu da 'yan siyasa ke faɗa kamar ƙidaya ce, mutanen baya da suka yi rubutu a kansu alƙaluman 1931 suka riƙa jawowa.

Ɗan Noida: Duk ku bar wannan, a ina za ta kwana? Ƙananan otal-otal ba sa karɓar baƙon waje, wai ba za su iya cike Form C ba, takardar kai rahoton baƙon waje ga hukuma.

Abu Khalil: Wani Form C? Fuska suke kallo. Ka biya ta intanet, ka iso da dare, a ce ɗaki ya ƙare.

Hajiya Binta: Dokar gaskiya ce, dole mai masauki ya kai rahoton baƙo cikin awa 24. A kira su kafin a biya, a ce fasfon Najeriya ne, a nemi amsa a rubuce ta WhatsApp.

Sarkin Shayi: Masu gidan haya fa? Har yanzu wasu na riƙe kuɗin ajiya na wata biyu.

Ummi_Lucknow: Na gode duka. To in kwana a Varanasi in riƙa shiga Ghazipur da safe, ko yaya?

Abu Khalil: Wata biyu? A Greater Noida uku suke karɓa yanzu.