Me ya sa adobon kaza na Filifin yake yi min tsami da yawa?

Maman Twins: Assalamu alaikum. Adobon kaza irin na mutanen Filifin, wato kazar da ake dafawa da ruwan kal (vinegar) da soya sos, kullum tsami ke cin ƙarfinsa. Ina matsalar take?

Mai Girki: Wa alaikumus salam, Hajiya. A kilo 1 na kaza, rabin kofin ruwan kal ya isa, da sulusin kofin soya sos, tafarnuwa dunƙule 1, ganyen bay 3, da masoro. In kin zuba kal ɗin, kada ki rufe tukunya, kada ki juya, sai ya tafasa kamar minti 5. Rufewa da wuri ke riƙe zafin tsamin. Daga nan ki rage wuta, ki ba shi minti 30.

Abu Manila: Ƙari a kan haka, a can kal na rake ko na kwakwa ake amfani da shi, kamar samfurin da ake kira Datu Puti. Ya fi farin kal na kanti laushi, don haka in farin ne a hannunki, ki rage, ki ƙara ruwa.

Yaya Babba: Ƙanwata, da gangan suke sa shi ya yi ƙarfi, domin da farar shinkafa marar gishiri ake ci, safe, rana da dare. Cinyoyi za ki saya. Ƙirji bushewa yake yi.