An Wanke Abokan Tuhumarsa, Shi Fa?

Mutum uku aka tuhuma tare, kotu ta sallami biyu ta wanke su, na ukun kuwa bai halarci zaman ba, shari'arsa na nan. Da aka tattauna batun da masu aikin lauya, bakinsu ya zo ɗaya kan cewa wanke su bai wanke shi kai tsaye ba. Kowa da hujjar da aka kawo a kansa.

Inda aka fi daɗewa shi ne kan shaidu. In shaidun da alƙali ya ƙi yarda da su a kan biyun su ne dai za a kawo a kansa, kuma maganarsu a sarƙe take ba ta rabuwa, yana da madafa. Kotun Ƙolin Najeriya ta bi wannan ƙa'ida a shari'ar Ebri ta 2004. Amma in a hannunsa aka kama kayan laifin, ko ya amsa laifi da bakinsa, labari ya sha bamban.

Shawarar farko: ya daina ɓuya, ya bayyana, lauyansa ya nemi beli. Mai gudu, ai ko alƙali ba ya saurarensa da daɗin rai. Sannan a karɓo kwafin hukuncin mai hatimin kotu, a karanta dalilin sallamar layi-layi.

Daga nan a rubuta wa Antoni Janar na jiha, wanda sashe na 211 na tsarin mulkin 1999 ya ba ikon janye ƙara. In ya ƙi, a jira masu gabatar da ƙara su gama kawo shaidu, sai lauya ya roƙi kotu ta sallame shi saboda babu abin da zai kare kansa a kai.