Shawarwari Kan Sake Rubuta Maƙalolin PLR

A wata tattaunawa kan yadda ya dace a sake rubuta maƙalolin PLR, waɗanda suka tattauna batun sun yi ittifaƙi a kan cewa maƙalar PLR, wato rubutun da ake sayarwa tare da izinin gyara shi da sanya masa sunan mai saye, ba a wallafa ta yadda aka saye ta, domin mutane da dama ne ke riƙe da kwafi iri ɗaya, kuma tun 2011 da Google ya fito da tsarin Panda mai tantance ingancin shafukan intanet, rubutun da ya maimaita na wasu ya rage samun gurbi a sakamakon bincike.

Shawarar da aka fi jaddadawa ita ce marubuci ya karanta maƙalar a tsanake, ya fitar da muhimman batutuwanta a takarda, ya rufe ta, sannan ya gina nasa rubutun da tsarinsa da misalansa. Idan maƙalar tana bayanin tanadin kuɗi da katin bashi irin na Amurka, mai rubuta wa Hausawa zai fi amfanar da su idan ya kawo adashi da asusu. An soki manhajojin da ke musanya kalmomi kawai, kuma sukar ta dace, domin jimlolinsu kan fito a karkace.

An kuma ja hankali a karanta sharuɗɗan lasisi, tunda wasu sun hana sake sayarwa ko rabawa kyauta, a tantance alƙaluma da bayanan lafiya domin da yawa sun tsufa, sannan a duba rubutun da Copyscape, wato shafin da ke gano rubutun da aka kwafa a intanet, kafin wallafawa.